Yadda ake gyara kebul ɗin binciken mota na jabu idan ya daina magana da mota

Mafi yawan kebul ɗin binciken mota na jabu da ake jefarwa, abin da ya kashe su bai taka kara ya karya ba: waya guda ta tsinke a cikin roba, ko dalma ba ta kama ba tun daga masana'anta, ko ƙaramin regileta mai rage ƙarfin wuta ya ƙone. Kuskuren da ya fi yawa shi ne mutum ya fara da sake loda manhajar cikin kebul ɗin alhali bai taɓa ɗora mita a kansa ba, sai kebul mai ƙaramar matsala ya koma gawa. Tsarin aikin da ke fitar da mutum kunya shi ne a bi wuta daga inda take shiga, a auna kafin a cire komai, a bar maganar manhajar ciki sai an tabbatar duk sauran lafiya lau suke.

Bayanin nan ya shafi irin su ELM327, da KKL 409.1 na motocin Volkswagen da Audi, da K+DCAN na BMW, da Mini VCI na Toyota, da Op-Com na Opel, da Lexia 3 na Peugeot da Citroën. Sunayensu daban, amma cikinsu kusan ɗaya ne. Akwai ɓangaren da ke karɓar wutar mota ya rage ta, akwai aisi, wato ƙaramin guntun lantarki mai ƙafafu, da ke magana da kwamfuta ta USB ko Bluetooth, akwai ɓangaren da ke magana da mota ta layin K ko layin CAN, wasu kuma suna da ƙwaƙwalwa a tsakiya mai ɗauke da manhaja.

Kayan aiki

Mita mai auna volt da ohm, mai yin ƙara idan waya ta haɗu. Ayan mai siririn baki wanda ake iya saita zafinsa, da siririyar dalma, da man dalma, da saƙaƙƙiyar wayar tagulla mai shanye dalma. Hantsaki, gilashin ƙara girma, sifirit na isopropyl da tsohon buroshin haƙori. Hita mai hura iska sai idan za a cire aisi mai ƙafafu da yawa. Sai abin ba da wuta volt 12 a kan tebur, wanda ya fi kyau a ce ana iya ƙayyade masa ƙarfi. Idan batir za ka yi amfani da shi, sa fis na amfa 1 a kan wayar fozitif.

Fara tabbatar da lafiyar motar

Soket ɗin OBD-II, wato inda ake soka kebul ɗin a jikin mota, yana da fil 16. An wajabta shi a motocin Amurka tun 1996, a Turai kuma motocin fetur tun 2001. Idan kana kallon soket ɗin motar faffaɗan gefen yana sama, layin sama 1 zuwa 8 ne daga hagu zuwa dama, na ƙasa 9 zuwa 16. A kan filogin kebul ɗin lissafin juyawa yake yi kamar a madubi, kuma nan ne mutane da yawa ke auna fil ɗin da ba shi ba. Yawancin filogi an rubuta ƙananan lambobi a jikin robar. Duba su da gilashi.

Fil na 16 fozitif ɗin batir ne, 4 da 5 nagetif, 6 da 14 layin CAN ne na sama da na ƙasa, 7 layin K, 15 layin L, 2 da 10 kuma na tsarin J1850 ne da tsofaffin Ford da GM ke amfani da shi.

Auna tsakanin 16 da 4, sannan tsakanin 16 da 5. Ya kamata ka ga wajen volt 12.6 idan inji a kashe yake, wajen 14 idan yana aiki. In babu wuta, fis ɗin motar ne ya tsinke, kuma a motoci da yawa fis ɗaya soket ɗin ke rabawa da wurin kunna sigari. Daga nan kashe makulli, cire kan batir na nagetif, ka auna ohm tsakanin 6 da 14. Wajen ohm 60 ake nema, domin layin yana da rezisto biyu masu ohm 120 a ƙarshensa biyu. Motocin da ke da kwamfuta mai tsaron ƙofa tsakanin soket da sauran layukan suna iya ba da wani adadi daban, don haka kada wannan kaɗai ya sa ka yanke hukunci. Leƙa ramukan soket ɗin ma. Idan wani ya taɓa tura kan mita mai kauri a ciki, ramin yakan buɗe ya daina riƙe fil.

A tsofaffin Volkswagen da Audi da aka canza musu rediyo akwai tarko na musamman. Wayoyin wasu rediyon da ba na kamfani ba suna haɗa layin K kai tsaye da volt 12. Duk kebul ɗin da ya yi ƙoƙarin jan layin ƙasa, taransistansa ne zai ƙone. Gwajin ba wuya: kunna makulli da rediyo, sa rezisto mai ohm 1000 tsakanin 7 da 4, ka auna volt a kansa. Idan ya faɗi sosai, layin lafiya yake. Idan ya tsaya daram kusa da ƙarfin batir, a gyara wayar rediyon tukuna, in ba haka ba kebul ɗin da ka gyara zai sake ƙonewa a jonawar farko.

Buɗewa da duba da ido

Sukurorin sukan ɓuya a ƙarƙashin takardar da aka manna a jiki. Shafa da yatsa za ka ji ramukan, yawanci huɗu. Kafin ka taɓa komai ɗauki hoton fanel ɗin gaba da baya, yadda launin kowace waya da rubutun kowane aisi za su fito.

Sa hanci tukuna, ƙauri ba ya ɓuya. Sannan bi fanel ɗin da gilashi. Dalma mai kyau tana sheƙi, ta hau ƙafa ta kwanta sumul. Wadda ba ta kama ba takan dunƙule kamar ƙwallo, ko ka ga siririn zobe ya tsage kewaye da ƙafar. Wurin da ya fi tsagewa shi ne inda filayen OBD suka haɗu da fanel, domin nan ke shan jijjiga duk lokacin da aka soka ko aka zare. Sa man dalma, saita ayan a digiri 330 zuwa 350, ka sake narka su duka goma sha shida kana ƙara 'yar sabuwar dalma. Kada ka wuce daƙiƙa uku a kan fil guda, robar filogin tana narkewa fil ya karkace. Nemi kuma ƙananan ɗigon dalma da suka maƙale tsakanin ƙafafun aisi, da farin dattin man dalma da ba a wanke ba, wanda ke jan danshi. Wanke da sifirit ka bari ya bushe.

Idan a maimakon aisi mai ƙafafu ka tarar da ɗigon baƙin gam a tsakiyar fanel, gyaranka ba zai wuce waya da regileta ba. Abin da ke ƙarƙashin gam ɗin ba ya ciruwa.

Bin wutar mota

Wani abu yana ruɗar mutane a nan. A kebul na USB, aisin da ke magana da kwamfuta daga kwamfutar yake shan wuta, ɓangaren mota kuma daga fil na 16. Saboda haka kwamfuta za ta ga kebul ɗin, fitila ma ta kama, alhali ɓangaren mota a mace yake.

Ba shi volt 12 a kan tebur, fozitif a 16, nagetif a 4 da 5 tare, ka ƙayyade ƙarfin a miliamfa 200. Lafiyayyen kebul 'yan gomomin miliamfa kawai yake ja. Idan ya kai iyakar nan take, wani abu ya haɗe a ciki. Ɗiga sifirit a kan fanel ka kunna na ɗan lokaci. Inda ya fara bushewa nan ne zafin yake. Sau da yawa kafasita ce da ke bakin shigar wuta, ko regiletan kansa.

In ba ya jan komai, bi layin da mita daga 16. Za ka fara cin karo da dayod ɗin kariya, mai rubutu M7 ko SS14 a mafi yawan lokuta. Bayansa wuta takan ragu da ƙasa da volt 1. Idan akwai wuta kafinsa babu bayansa, ya tsinke, a sa sabo a kula da gefen da ke da layi. Daga nan sai regileta: volt 5 ake nema a bakin fitarsa, in akwai na biyu kuma 3.3.

Regiletan da ya fi mutuwa shi ne AMS1117, domin iyakar abin da yake ɗauka volt 15 ne, mota kuma tana kai 14.4 idan tana caji, ban da tsallen da wuta ke yi lokacin tayar da inji. 78M05 yana jure har volt 35, shi ya sa ya fi dacewa da wurin. Amma ba a ɗora ɗaya a gurbin ɗaya kai tsaye. A AMS1117 ƙafa ta farko nagetif ce, ta tsakiya fita, ta uku shiga. A 78M05 ta farko shiga, ta tsakiya nagetif, ta uku fita. Mai son canzawa sai ya manna sabon a gefe ya ja gajerun wayoyi uku. Wani lokaci regileta kan mutu a haɗe, ya zuba volt 12 a layin volt 5. In ka ga haka, ka sa a ranka cewa aisin da ke kan layin sun tafi, kuma sayen wani kebul ya fi sauƙi. Haka abin yake ga kebul ɗin volt 12 da aka soka a babbar mota mai volt 24.

Duba layin nagetif ma. Idan ka ga siririn layin tagulla daga 4 ko 5 ya ƙone ya tsinke, dalilin yawanci shi ne an jona laftof a cajarta ta bango ko a inbata, motar kuma tana kan cajar batir, sai wuta ta bi ta kebul ɗin tana neman hanya. Kankare koren fentin gefe biyu, ka haɗa da siririyar waya. Daga yau kuma laftof ta riƙa aiki da batirinta yayin bincike.

Ɓangaren kwamfuta

Idan kwamfuta ba ta nuna alamar an soka komai ba, ko tana gani tana ɓacewa in an motsa waya, wayar USB ce, kuma takan tsinke daidai inda ta shiga akwatin. A al'ada ja volt 5 ce, baƙa nagetif, fara da koriya na saƙo ne, amma masu jabu ba sa bin launi kullum. Auna kowace waya daga bakin USB zuwa fanel kana lanƙwasa ta. Yanke santimita 5 daga wurin da ya lalace ka sake liƙawa, ko ka sa sabuwar waya mai rigar kariya wadda ba ta wuce mita 2 ba. Fara da koriya su kasance tsawo ɗaya.

Idan kwamfuta ta gani amma da alamar gargaɗi, shiga Device Manager, buɗe na'urar, ka duba lambobin shaidarta. Lambobin za su gaya maka aisin da ke ciki ko da an goge rubutunsa. FT232RL na kamfanin FTDI yana nuna VID_0403 da PID_6001. CH340 yana nuna 1A86 da 7523. PL2303 na Prolific yana nuna 067B da 2303.

In ka ga 0403 tare da PID_0000, ka san abin da ya faru. A 2014 FTDI ya fitar da manhajar direba ta hanyar sabuntawar Windows wadda ke mayar da lambar jabun FT232RL sifili, sai kwamfuta ta daina gane shi. Aisin bai ƙone ba, sunansa kawai aka goge. A kan Linux ana mayar da lambar da ƙaramar manhajar ft232r_prog, a gaya mata tsohuwar lamba 0x0000 da sabuwa 0x6001. A 2016 kuma wani direban ya zo da wata hanyar: ba ya goge lamba, amma yana cusa rubutun "NON GENUINE DEVICE FOUND!" a cikin saƙon da ke wucewa. Ka yi tunanin wannan rubutun yana tafiya kwamfutar inji. Jabun PL2303 shi kuma kuskuren Code 10 yake nunawa da sababbin direbobi.

Komawa tsohon direba magani ne na ɗan lokaci, domin Windows zai sake sabunta shi. Maganin da ke ɗorewa shi ne a cire jabun FT232RL a sa na asali daga dillali amintacce. Na asali rubutunsa a sassaƙe yake da leza, na jabu sau da yawa bugawa aka yi da fenti, kodayake wannan alamar ba ta isa hujja ita kaɗai ba. Kafin ka cire tsohon, karanta saitinsa da manhajar FT_Prog ka adana. Wasu kebul ɗin an rubuta musu lamba ko suna na musamman, wasu an juya musu siginar wasu ƙafafu, kuma sabon aisi ba zai yi aiki ba sai an mayar masa da wannan saitin.

Aisin yana da ƙafa 28, tazarar milimita 0.65. Rufe robobin da ke kusa da takardar alminiyom. Shafa man dalma, saita hita a wajen digiri 340 da iska kaɗan, ka riƙa zagaya ƙafafun har aisin ya motsa da kansa. Kada ka ɗaga shi da ƙarfi, zai taho da layin tagulla. Share gurbin da wayar shanye dalma, daidaita ɗigon ƙafa ta ɗaya da alamar fanel, kama kusurwa biyu, sannan ka ja ayan da 'yar dalma a kan kowane layi. Inda ƙafa biyu suka haɗe, ƙara man dalma ka shanye. Bayan an soka, ƙafa ta 20 ta nuna volt 5, ta 17 ta nuna 3.3. Duba ƙafa ta 26 ma. Dole ta haɗu da nagetif, amma a wasu fanel an bar ta a sake, abin da ke sa kebul ya yi aiki yau gobe ya ƙi. Ɗan guntun waya daga 26 zuwa 25 ya raba gardama.

CH340G yana buƙatar kiristal na megahaz 12 a gefensa. Idan kebul ya faɗi ƙasa daga nan kwamfuta ta daina gane shi, kiristal ɗin ake fara canzawa.

Akwai kuma saiti biyu da ake ɗauka lalacewa ce. Tsofaffin manhajojin KKL ba sa ganin tashar da ta wuce COM4, sai a sauya lambar tashar a Device Manager. K+DCAN kuma yana son a rage lokacin jiran FTDI daga milisakan 16 zuwa 1 a saitin tashar, lambar tashar kuma ta dace da wadda ke cikin fayil ɗin obd.ini.

Layin K

Waya ɗaya ce ake aikawa ake karɓa a kanta, yawanci da gudun bit 10400 a daƙiƙa. Idan ba a magana, tana zaune a kusa da ƙarfin batir saboda rezisto mai ohm 510 da ke jan ta sama daga cikin kebul ɗin. Da wuta a kan tebur, fil na 7 ya nuna kusan volt 12. Idan sifili ya nuna, ko reziston ya tsinke, ko taransistan da ke jan layin ƙasa ya haɗe. Reziston yana ɗauke da rubutu 511. Duk lokacin da layin ke ƙasa yana shan kusan wat 0.4, masu jabu kuma ƙanƙani suke sawa, sai ya yi baƙi a hankali. A sa mai rabin wat. Inda aka tarar da mai ohm 1000, wato mai rubutu 102, kuma wasu kwamfutocin motar suna amsawa wasu ba sa amsawa, mayar da shi 510 yakan warware matsalar.

Kebul na KKL yana da gwaji mai daɗi, tunda ba shi da ƙwaƙwalwa a tsakiya. Ba shi volt 12, soka USB, buɗe tasharsa da manhajar PuTTY ko Tera Term, ka kashe saitin da ke nuna abin da ka rubuta. Duk harafin da ka danna ya kamata ya dawo a allo, domin kebul ɗin yana jin muryar kansa a kan layin. In ya dawo, aikawa da karɓa duk lafiya. In bai dawo ba, rage gudun zuwa 300, danne harafi guda, ka kalli mita a fil na 7. Idan volt yana rawa, aikawa na aiki, matsalar tana wurin karɓa, wato aisin LM393 ko LM339 da rezistocin da ke kewaye da shi. Idan bai motsa ba, taransistan aikawa ne, mai rubutu 1AM a fanel da yawa. Kebul ɗin da aka ɗan kashe wa kuɗi aisi guda yake da shi na wannan aikin, kamar L9637D, sai a canza shi ɗungurungum.

A BMW akwai batun fil na 7 da na 8. Tsofaffi irin E46 da E39 suna son a haɗa su biyun, in ba haka ba inji zai amsa amma sauran sassa su yi shiru. Waɗanda suka fito daga wajen 2007 kuma ba a haɗa musu. Kebul mai makunni a jiki, makunnin ne ke yawan lalacewa. Auna tsakanin 7 da 8 a kowane matsayi ka gani ko yana haɗawa yana rabawa.

Layin CAN

Tun 2008 duk motar da ake sayarwa a Amurka ta CAN ake bincikenta, don haka kebul ɗin da ke karanta tsofaffin motoci ya kasa sababbi, nan za a duba. Da kebul a zare babu wuta, auna tsakanin 6 da 14. Idan ka ga ohm 120, an sa rezisto inda bai kamata ba. Motar tana da nata biyu, idan na uku ya shiga jimillar takan sauka daga 60 zuwa 40, siginar ta raunana. Wata motar ta jure, wata ta ƙi haɗuwa, wata ma fitilun dashbod su kama. Nemi mai rubutu 121 ko 1200 kusa da aisin CAN ka cire shi. Abin da ƙa'idar ISO 15765-4 ta tanada wa na'urar bincike shi ne rezisto mai ohm 100 a jere da kafasita mai pikofarad 560 daga kowane layi zuwa nagetif. In ka ga waɗannan, ka bar su.

Aisin CAN mai ƙafa takwas ne: MCP2551, TJA1050, TJA1040 ko PCA82C250. Ƙafa ta 3 volt 5, ta 2 nagetif, ta 1 da ta 4 suna zuwa ƙwaƙwalwa. A kula da wannan, domin lambobin suna ruɗarwa: fil na 6 na OBD yana zuwa ƙafa ta 7 ta aisin, fil na 14 kuma ƙafa ta 6. Da wuta, layukan biyu su zauna a wajen volt 2.5. Idan ɗaya ya manne a sifili ko a 5, ko aisin yana zafi, ya mutu. Kafin ka cire TJA1040 duba ƙafa ta 8, domin idan tana sama aisin barci yake yi, ba mutuwa ba. Cire shi ba ya buƙatar hita: cika gefe guda da dalma, ɗaga shi kaɗan, ka koma ɗaya gefen.

Op-Com da Lexia 3 suna da rile da ke sauya layi daga wannan fil zuwa wancan. Idan wasu sassan mota suna amsawa wasu ba sa yi, kasa kunne ka ji ko suna ƙwanƙwasawa lokacin da manhaja ke neman sashen. Wanda ya ƙwanƙwasa amma bakinsa ya nuna sama da ohm 1, a canza shi da mai ƙarfin nadi iri ɗaya. A wasu Lexia 3 za ka ga gurabe da yawa babu komai a kai, an rage kaya tun ran gini, kuma irin wannan ba zai taɓa karanta dukan motocin ba sai an cike guraben.

Tambayar ELM327 da bakinsa

Shi wannan yana amsa tambaya. Buɗe tasharsa da gudun 38400, ka rubuta ATZ, zai faɗi sunansa da lambarsa. ATRV zai faɗi volt ɗin da yake gani a fil na 16. Kwatanta da mita. A jikin mota, makulli a kunne, rubuta ATSP0 sannan 0100. Amsar da ta fara da 41 00 tana nufin an haɗu. "CAN ERROR" yana nuna ɓangaren CAN, "BUS INIT: ...ERROR" yana nuna layin K, "UNABLE TO CONNECT" kuma yana nufin ya gwada duk hanyoyin bai samu amsa ba.

Kamfanin Elm Electronics na Kanada bai taɓa fitar da lamba 1.5 ba, amma jabun da ke ɗauke da wannan lambar tare da aisin PIC18F25K80 su ne suka fi aiki. Da yawa daga masu cewa 2.1 ba su san rabin umarnin ba. Rubuta ATPPS, wanda ya amsa da alamar tambaya, ragaggen kwafi ne. Irinsu sau da yawa ba a ma jona fil na 2 da na 10 ba, don haka tsohuwar Ford ko GM ba za ta taɓa amsa musu ba, kuma ayan ba ya maganin wannan. Na Bluetooth mai fanel biyu a ɗore, filayen da suka haɗa benen biyu ne ke saki. Sake narka su, ka tabbatar volt 3.3 yana isa ɓangaren Bluetooth.

Manhajar ciki

Idan wuta daidai, USB daidai, layin K da CAN daidai, amma kebul bai amsa ba, saura ƙwaƙwalwa. Duba volt a ƙafafunta, sake narka dalmarta, canza kiristal ɗinta da mai lamba iri ɗaya. In duk bai yi ba, manhajar ciki ce ta lalace, kuma kusan kullum sanadin shi ne an danna sabuntawa. Op-Com da yawa an rubuta PIC18F458 a kan aisin da ba shi ba ne, kuma lodi ɗaya ke kashe shi har abada.

Kwafin kebul ɗin da lasisin manhaja ke zaune a cikinsa, kamar na VCDS na kamfanin Ross-Tech, lamarinsa daban ne. Idan manhajar asali ta gane shi ta rufe shi, ba wani abu ne ya ƙone ba. Fayilolin da ake yawo da su don farfaɗo da shi kwafin haƙƙin wasu ne, ba a san wanda ya taɓa su ba, kuma sukan zo da ƙwayoyin cutar kwamfuta. Wanda ke cin abinci da wannan aikin, na asali ya kamata ya saya.

Rufewa da gwajin farko

Wanke fanel, ɗaure wayar USB daga ciki da igiyar roba mai zargewa yadda ja ba zai kai ga dalma ba, ka ɗiga gam a kanta. Kafin ka kai shi mota, auna tsakanin 16 da kowane ɗaya daga 4, 5, 6 da 14, ka tabbatar mita ba ta yi ƙara ba. Ɗigon dalma guda tsakanin 16 da layin CAN ya isa ya lalata kwamfutocin mota, garin gyaran gira a rasa ido.

Soka shi makulli a kashe, sannan ka kunna ba tare da tayar da inji ba. Fara da karanta lambobin matsala, sai ka tayar da inji ka bar shi yana nuna gudun inji da zafin ruwa na minti 15, kana motsa wayar a hankali, kana taɓa akwatin. Ɗumi kaɗan ba komai, amma zafin da yatsa ba zai jure ba yana nufin a koma kan regileta.

Kebul ɗin da aka gyara ya isa karanta matsala, goge ta, da kallon bayanan inji. Kada a yi amfani da shi wajen sake rubuta manhajar kwamfutar mota, domin yankewar daƙiƙa ɗaya a tsakiyar rubutu tana iya barin motar ba ta tashi. Idan an gama aiki a zare shi daga soket, tunda fil na 16 yana da wuta ko makulli a kashe, kuma na Bluetooth da aka manta a jiki yana shanye batir a hankali.